Kariya daga gwanjon kadara saboda bashi a Batagarawa

Kariya daga gwanjon kadara ita ce hanyoyin da doka ta bai wa wanda ake bin bashi domin ya dakatar da sayar da gidansa, filinsa ko gonarsa da ƙarfin kotu, ko ya sa a soke cinikin. A Batagarawa, ƙaramar hukumar da ke maƙwabtaka da birnin Katsina, batun yana da nauyi saboda faɗaɗar birnin tana mayar da gonaki filayen gini masu tsada.

Dokar zartar da hukunci

Dokar tarayya mai suna Sheriffs and Civil Process Act ce ta tsara yadda ake kama dukiya bayan hukunci. Sashe na 44 ya hana taɓa gida ko fili matuƙar kayan da ake iya ɗauka, kamar mota ko dabbobi, za su isa biyan bashin. Idan ba su isa ba, sai mai bin bashi ya nemi izinin kotu. Kotun majistare ba ta ba da wannan izini, sai Babbar Kotu.

Sashe na 47 ya ba da kwana 21 daga ranar gwanjo a nemi soke cinikin, idan an tabka babban kuskure wajen sayarwa kuma ya jawo asara mai yawa. Idan wa'adin ya wuce, ciniki ya tabbata. Wanda aka kama kayansa a kan bashin wani yana iya shigar da da'awar mallaka. Wanda ya ɗaukaka ƙara kuma yana iya roƙon a dakatar da zartar da hukuncin. Shari'ar Vaswani da Savalakh ta 1972 a Kotun Ƙoli ce ake yawan kafa hujja da ita.

Dokar filaye

Sashe na 21 na Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ya ce ba a sayar da filin da ake riƙe da shi bisa al'ada da umarnin kotu sai da amincewar gwamna. Wannan ya shafi gonakin ƙauyuka. Sashe na 22 ya wajabta amincewarsa kafin a jinginar da fili mai takardar mallaka ta jiha. A 1989 Kotun Ƙoli ta soke wata jingina a shari'ar Savannah Bank da Ajilo saboda rashin wannan amincewa.

Shari'ar Musulunci

Kotunan Shari'a a Jihar Katsina suna bin mazhabar Malikiyya. Aya ta 280 ta Suratul Baƙara ta yi umarni a jinkirta wa wanda ke cikin ƙunci har ya samu hali. Alƙali na iya sayar da dukiyar wanda bashi ya cinye, har da gidansa, amma ana bar masa tufafi da abin ciyar da iyalinsa na ɗan lokaci.

Taimakon lauya

Hukumar Ba da Tallafin Shari'a ta Najeriya, wadda aka kafa a 1976, tana ba marasa ƙarfi lauya kyauta.