Littafi Ne Ke Ɓata Tarbiyya?

Yau zancenmu a kan littattafan hikaya ne, waɗanda wasu iyaye ke ƙwacewa daga hannun 'ya'yansu, wai suna koya lalata.

Nuna mugunta cikin labari ba yau aka fara ba. A 1933 wani Bature, Rupert East, ya shirya gasar rubutun Hausa a Zariya. Cikin littattafan da suka fito akwai Jiki Magayi, wanda ya rubuta tare da John Tafida. Attajiri Malam Shehu ya yi amfani da dukiya ya raba Abubakar da Zainab. Abubakar ya shiga duniya neman asirin ramuwa, har ɗan da aka haifa, Kyauta, ya zama ɓarawo, ya yi sanadin mutuwar ubansa. Kun ji fa, ga sata ga kisa, amma shekara da shekaru ana karanta shi a makarantu.

Surutu ya tashi ne da mata suka kama alƙalami. A 1990 Hajiya Balaraba Ramat Yakubu ta fitar da Alhaki Kuykuyo Ne, labarin Alhaji Abdu da ya kori Rabi da 'ya'yanta tara saboda wata mai zaman kanta. Rabi ta kama sayar da abinci ta riƙe yaranta, shi kuwa gobara ta cinye shagonsa. To, wa aka koya wa ɓarna a nan? Zaluncin da ake yi cikin gidaje ne aka fito da shi fili.

Duk da haka zargi bai kwanta ba. A 2001 Kano ta kafa hukumar tace fina-finai, wadda daga baya ta haɗa da littattafai. A 2007, zamanin Gwamna Malam Ibrahim Shekarau, aka ƙona tarin littattafan soyayya a bainar jama'a.

Gaskiya akwai na batsa, waɗanda kuɗi kawai suke nema, yanzu ma sun koma cikin waya, inda ashana ba ta kaiwa. Don haka uwa, ki karɓi littafin ki karanta, ko ki sa a karanta miki. Ki duba: azzalumin nan, an ƙawata shi ne, ko an nuna ƙarshensa? Sannan ku zauna ku tattauna da 'yarki.

Allah Ya shirya mana zuri'a. Sai mako mai zuwa.