Kakalaba: Yunwar 1914 a Ƙasar Hausa

Bahaushe ba ya mance shekarar yunwa, don haka yakan laƙaba mata suna, har ya riƙa lissafin shekarun haihuwa da ita. A cikin irin waɗannan sunaye babu wanda ya kai Kakalaba firgitarwa, wato yunwar da ta biyo bayan farin 1913, ta game Kano da Katsina da Daura har Damagaram.

A daminar 1913 ruwa ya yi ƙaranci, kuma ya ɗauke tun hatsi bai nuna ba. Gero da dawa suka ƙone a gona. To, amma fari ba baƙo ba ne a ƙasar nan. Me ya sa wannan ya yi ɓarna haka?

Da can manomi yana da madogara. Akwai rumbun tsimi, akwai hatsin zakka a hannun sarakuna, akwai kuma gandu inda 'yan'uwa ke rufa wa juna asiri. Zuwan Turawa ya raunana waɗannan. Aka ce haraji sai da kuɗin Bature, ga shi lokacin biyansa kaka ne, sa'ad da hatsi ba shi da daraja. Dole manomi ya sayar da abin da ya kamata ya adana. Sannan jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, cinikin gyaɗa ya buɗe a 1912, mutane da yawa suka ba gyaɗa filin da a da na hatsi ne.

Da bazarar 1914 ta yi, rumbuna sun ƙare. Aka sayar da awaki da shanu a wulaƙance, aka jinginar da gonaki, wasu suka cinye irin shuka. Mata suka shiga daji neman tafasa da ƙarangiya, har gidan tururuwa aka tona. Ƙauyuka suka watse, jama'a suka nufi kudu wajen Zazzau, da dama suka mutu a hanya. Duk da haka ba a fasa karɓar haraji ba.

Ko da ruwa ya dawo, wanda ya jinginar da gonarsa sai ƙodago a gonar wani. Ashe ke nan, masu karatu, fari daga Allah yake, amma yunwa da hannun mutum a ciki. Farin 1972 zuwa 1974 ya sake tabbatar da haka. Allah ya kiyashe mu, amin.