Hanyar hawa Dutsen Kamaru daga Buea

Hanyar Guinness ita ce sananniyar hanyar tafiyar ƙafa mai nisa mafi kusa da Douala. Tana tashi daga saman garin Buea, a yankin Kudu maso Yamma, ta kai ƙololuwar Dutsen Kamaru, wanda Bakweri mazauna gindinsa ke kira Fako. Dutsen ya haura mita 4,000, kuma ƙafarsa ta yamma na cikin Tekun Atlantika. Idan sama ta washe, akan hango shi daga gadar Wouri.

Mai tashi daga New Bell zai ƙetare zuwa Bonabéri, ya bi ta Tiko da Mutengene, ya sauka a tashar Mile 17 ta Buea. Tafiyar kimanin kilomita 70 ce. Wannan kusancin ne ke yaudarar mutane: wanda ya saba da zufar Douala bai cika yarda cewa zai kwana yana rawar ɗari a wurin da yake gani daga gida ba.

Hanyar na da masauki uku. Na farko yana cikin kurmi, a tsayin kimanin mita 1,850. Daga can itatuwa ke ƙarewa, sai ciyawa da baƙin dutse, babu inuwa, kuma hawan na miƙe. A nan matafiyi ke bin alamun fenti a jikin duwatsu, domin hazo kan rufe wurin cikin ɗan lokaci. Masauki na biyu, a wajen mita 2,800, shi ne inda aka fi kwana. Na uku yana dab da ƙololuwa, inda iska ke da ƙarfi, numfashi kuma ke wuya. Yawancin mutane kan yi kwana biyu, hawa da sauka. Masu son doguwar tafiya kan sauko ta Mann's Spring, maɓuɓɓugar da ke ɗauke da sunan masanin tsirrai Gustav Mann, su ratsa ramukan aman wuta, su ƙara kwana ɗaya ko biyu.

Dutsen bai mutu ba. Ya yi aman wuta a 1999, har narkakken dutse ya gangaro ya datse titin Limbe zuwa Idenau kusa da Bakingili, ya sake yi a 2000. Tun 2009 yankin ya zama gandun daji na ƙasa, mai faɗin kimanin hekta 58,000, kuma ba a shiga sai da ɗan jagora. Lokacin rani, daga Nuwamba zuwa Maris, ya fi dacewa. Ƙauyen Debundscha da ke gefen teku na cikin wuraren da suka fi samun ruwan sama a duniya.

Sunan hanyar ya samo asali ne daga tseren da kamfanin Guinness ya fara ɗaukar nauyinsa a 1973, wanda yanzu ake kira Course de l'Espoir. Ana tashi daga filin wasa na Molyko, a taɓa ƙololuwa, a dawo a yini guda, kimanin kilomita 38. Sarah Etonge ta lashe shi sau bakwai a ɓangaren mata, har ake mata laƙabi da sarauniyar dutse.

Rikicin yankunan masu magana da Ingilishi, wanda ya faro a 2016, ya rage baƙi ƙwarai, ya kuma taɓa abincin 'yan jagora da 'yan dako na ƙauyukan Bakweri. A Fabrairun 2023 wasu abubuwa sun fashe a lokacin tseren, mutane da dama suka jikkata. Ranar Litinin kuwa 'yan aware kan tilasta zaman gida a yankin, shi ya sa direbobin Douala ba sa son ɗaukar hanyar Buea a ranar.