Takardar inshorar da ke aljihun motarka: daga ina ta fito, kuma wa take karewa?

1/ Yau zare ne mai ɗan tsawo a kan wata takarda da kusan kowane direba ke ajiyewa a mota, ba ya taɓa ta sai ya hango shingen 'yan sanda: takardar inshora. Ni ɗan Bakura ne, kuma wani abu da ya faru a gidanmu ne ya sa na bi tarihinta. Ku biyo ni a hankali 🧵

2/ Kawuna direba ne, Golf yake ja tsakanin Talata Mafara da Sakkwato. A daminar 2022, wata ranar Talata ya ɗauko 'yan kasuwa, kusa da Lambar Bakura ya zo wuce wata tirela, bai hango ɗan kabu-kabun da ke tahowa ba. Kwana huɗu mutumin ya yi a asibiti, Allah ya karɓi abinsa. Ya bar mata ɗaya da 'ya'ya uku.

3/ Kawu ya sayar da sa ɗaya cikin shanun huɗarsa ya biya kuɗin asibiti. Bayan sadakar uku manya suka zauna. Mahaifin mamacin ya ce: "Mun yahe. Kwananai ya ƙare, abin Allah na." Aka shafa fatiha aka tashi. Matar tana cikin gida tana takaba, ba wanda ya shiga ya tambaye ta.

4/ Da daddare Kawu ya miƙo min takardun motar, ya ce: "Kai da ka karatun boko, duba min wagga takarda ko tana da wani amfani." Na danna *565*11# a waya, na sa lambar motar. Babu ita a rajista. ₦2,000 ya saye ta wurin wani mutum a bakin tasha, alhali ta gaskiya a lokacin ₦5,000 ce.

5/ Ya daɗe bai ce komai ba. Can ya ce: "To ni duk shekarun ga mi nika biya?" Ba ni da amsa a daren. Amsar ce na yi ta nema tun daga lokacin, ga abin da na samu.

6/ Mu fara da gida. Tambayar "wa zai biya in an kashe mutum bisa kuskure?" ta girmi mota nesa ba kusa ba. Duk wanda ya zauna gaban malam ya karanta Risala ya san babin diyya: raƙuma 100, ko dinari 1,000 na zinariya, ko dirhami 12,000 na azurfa. Dinari 1,000 ɗin nan zinariya ce da ta haura kilo 4.

7/ Wane talaka ne zai iya wannan shi kaɗai? Shi ya sa a kisan kuskure shari'a ta ɗora biyan a kan aƙila, wato dangin mutum maza ta wajen uba. Su ake raba wa, kowa gwargwadon ƙarfinsa, a biya cikin shekara 3. Shi wanda ya yi kuskuren kaffara ce a kansa, azumin wata 2 a jere.

8/ Wani abu da ya burge ni: malaman Malikiyya, kamar a Mukhtasar na Khalil, sun sa mutanen diwani cikin aƙila, wato waɗanda sunansu ke rajista ɗaya suna karɓar albashi tare. Ke nan tun da daɗewa an yarda cewa abokan aiki ma suna iya haɗuwa su ɗauke wa ɗayansu nauyin tsautsayi. Ku riƙe wannan, za mu dawo kansa.

9/ Yanzu mu leƙa Ingila, inda takardar ta samo asali. Ran 17 ga Agusta 1896 mota ta buge wata mata mai suna Bridget Driscoll a Landan ta mutu. Ita ce mai tafiya a ƙasa ta farko da aka rubuta cewa mota ta kashe a ƙasar. Kotun bincike ta ce tsautsayi ne, ba a hukunta kowa ba.

10/ Da motoci suka yawaita sai matsala ta fito fili. Kotu za ta ce direba ya biya diyya, direba ya juye aljihu babu ko sisi, wanda aka buge ya koma gida da takardar hukunci da gurguwar ƙafa. A 1927 jihar Masacusets ta Amurka ta tilasta wa masu mota inshora. Ingila ta yi tata dokar a 1930.

11/ Ku lura da niyyar dokar, don nan ne mu muka ɓata hanya. An yi ta ne saboda wanda aka buge. Kai mai mota kai ne mutum na ɗaya, kamfanin inshora na biyu, wanda ka yi wa ɓarna shi ne mutum na uku. Ma'anar Third Party da ke rubuce a saman takardarka ke nan.

12/ Yadda take aiki: dubban masu mota kowa ya zuba kuɗi kaɗan a shekara. 'Yan kaɗan ne cikinsu za su yi haɗari. Daga wannan tarin ake biyan waɗanda aka ji wa ciwo da magadan waɗanda suka mutu. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, su ma Turawa abin da suka gano ke nan.

13/ A nan ƙasarmu kuwa, layin dogo ya kai Ƙauran Namoda a 1929, ya biyo ta Gusau. Gyaɗa da audugar ƙauyukanmu sai an kai su bakin jirgi, da jakuna da raƙuma, sannu a hankali manyan motoci suka karɓe aikin. Hanyar da aka saba raba wa da dabbobi ta koma ta ƙarfe mai gudu.

14/ A 1945 gwamnatin mulkin mallaka ta kafa dokar inshorar mutum na uku ga motoci a Najeriya, samfurin ta Ingila. Ta fara aiki ran 1 ga Afrilu 1950. Rai da raunin jiki kaɗai ta rufe. In ka ragargaza wa wani mota ko shago, wannan tsakaninku ne. Wato takardar nan ta girmi 'yancin kan Najeriya da shekara 10.

15/ A 1960 Jihar Arewa ta koma aiki da kundin Penal Code, hukuncin kisa da rauni ya bar tsarin fiƙihun da alƙalai suka gada. Dangi kuma suka fara watsuwa, wani yana Kano, wani Legas, wani kudu yana cirani. Aƙilar da za a tara a zaure ɗaya a raba mata diyya ta yi wuyar samu.

16/ Sai aka wayi gari da tsari biyu, kowanne rabi-rabi. Na gida ya yi rauni. Na Bature kuma ya zo da Turanci, ofisoshinsa suna manyan birane, ba wanda ya zauna ya yi wa direba bayaninsa da Hausa. Abin da direba ya fahimta kawai shi ne: in babu takardar, ɗan sanda zai tsare ka.

17/ Hukumomi sun yi ta ƙaruwa. An kafa hukumar kiyaye haɗurra ta FRSC a 1988, hukumar kula da inshora ta NAICOM a 1997. Dokar inshora ta 2003 ta ƙara ɓarnar dukiya har ₦1,000,000 cikin abin da dole a rufe, ta sa tarar ₦250,000 ko ɗaurin shekara 1 ga wanda ya hau titi babu inshora.

18/ Mu a Zamfara muna da namu babin. Ran 27 ga Oktoba 1999 Gwamna Ahmad Sani Yariman Bakura, ɗan garinmu, ya ƙaddamar da shari'a a Gusau, kundin hukunce-hukuncen ya fara aiki a Janairun 2000. Ƙisasi da diyya suka dawo cikin rubutacciyar doka. Tambayar da ta rage ita ce ta dā: direban haya zai iya biya? In ba zai iya ba, wa zai biya?

19/ Na san abin da wasu za su rubuto a ƙasa: "Inshora haramun ce." Maganar tana da tushe. A 1985 majalisar fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi ta zauna a Jidda ta ce inshorar kasuwanci ba ta halatta ba saboda garari, wato rashin tabbas a cikin ciniki. A hukunci guda kuma ta halatta inshorar taimakekeniya.

20/ Ita ce takaful. Kuɗin da ka zuba gudummawa ce cikin asusun 'yan uwa, kamfani wakili ne mai kula da shi, ba a juya kuɗin a harkar riba, in an samu rara ana iya raba wa masu zubi. Kamfani na farko irin wannan a Sudan aka buɗe shi a 1979. Kun tuna mutanen diwani? To ga jikansu.

21/ NAICOM ta fitar da ƙa'idojin takaful a 2013, a 2016 aka ba Jaiz Takaful da Noor Takaful lasisi. Ke nan yau mai gudun shubuha yana da hanyar da zai cika doka hankalinsa kwance. Hukuncin addini dai ka tambayi malaminka, ni ɗalibi ne. Amma sayen jabu a bakin tasha ba ya cikin fatawar kowa 😅

22/ Ga farashin da NAICOM ta sa daga 1 ga Janairu 2023, kuɗin shekara da iyakar abin da za a biya na ɓarnar dukiya:
Motar gida: ₦15,000, har miliyan 3
Keke Napep: ₦5,000, har miliyan 2
Babur: ₦3,000, har miliyan 1
Babbar mota: ₦100,000, har miliyan 5

23/ Wannan iyakar ta dukiya ce. Rai da rauni ba a yanka musu iyaka a wannan jadawalin ba, ana duba girman asarar ne. Sannan ka sani: wannan inshorar ba za ta gyara maka taka motar ba. Wanda ka buge take biya a madadinka, don kada ka sayar da gona ko shanun huɗa.

24/ Daga 1 ga Fabrairu 2025 Sufeto Janar na 'yan sanda Kayode Egbetokun ya ba da umarnin a tsananta binciken takardar a duk faɗin ƙasa. A 2025 kuma Shugaba Tinubu ya sa hannu a sabuwar dokar inshora da ta haɗe tsofaffin, har da waccan ta 1945. Shekara 80 ke nan ana maganar takarda ɗaya.

25/ In za a yi adalci, laifin ba na direbobi kaɗai ba ne. Ni dai ban taɓa ganin ofishin kamfanin inshora a garinmu ba, kuma ban san mutum ɗaya a unguwarmu da aka taɓa biya ba. Wanda bai taɓa ganin an biya ba, me zai sa ya ba da ₦15,000 ga abin da ₦2,000 ke wuce da shi shinge? Kamfanoni su zo tasha su yi magana da Hausa, su biya a gani.

26/ Mu koma ga matar nan mai takaba. Daga baya na tambayi malaminmu, ya ce diyya gado ce, ana raba ta kamar sauran dukiyar mamaci. Matar tana da kaso, marayun suna da kaso. Uba in ya yafe, nasa kason ya yafe. Hakkin yara ƙanana kuwa ba abin da wani zai yi kyauta da shi ba ne don jin kunyar mutane.

27/ Yafiya halin kirki ce, kuma tsohon nan saboda Allah ya yi, ya san Kawu ba shi da abin biya. Abin da ke ci mini rai shi ne da takardar ta gaskiya ce, da ba sai an zaɓa tsakanin tausaya wa Kawu da ciyar da marayu ba. Za a yafe wa direba, kamfani ya biya magada. Bambancin ₦3,000 ne ya rufe wannan ƙofar.

28/ Kawu ya yi azuminsa na kwana 60. Duk kaka yana aika wa gidan da buhun gero, ba wanda ya sa shi. Babban yaron, wanda ke aji biyar a firamare lokacin, yanzu yana tura baro a kasuwar Mafara. Kawu in ya hango shi sai ya kau da kai. Na taɓa ganin haka da idona, shi ya sa na zauna rubuta wannan.

29/ To me za ka yi? Yau ɗin nan, ɗauko takardun motar gidanku ko babur ɗin yayanka. Danna *565*11# ko ka shiga askniid.org ka sa lambar. In ba ta fito ba, jabu ce, ko da tambari goma a jikinta. Sabuwa kuma a saye ta kai tsaye daga kamfani mai lasisin NAICOM, a karɓi rasit.

30/ In tsautsayi ya faru, Allah ya kiyaye: a fara kai mai rauni asibiti. A ɗauki hoton wurin da lambar motar. A sanar da 'yan sanda a karɓi rahotonsu a rubuce. A adana duk rasit ɗin asibiti. Mai mota ya sanar da kamfaninsa da wuri, kafin a zauna sulhu. In kamfani ya tsaya wasa, ana kai ƙararsa NAICOM.

31/ In kuma naku aka buge, ku nemi ganin takardar inshorar mai motar, ku rubuta sunan kamfanin da lambar takardar. Neman wannan hakkin bai hana tawakkali ba, bai hana zumunci ba. In za a zauna maganar yafiya, a shiga ciki a tambayi matar tukuna.

32/ Ga shugabannin tasha, 'yan NURTW da ƙungiyoyin 'yan kabu-kabu: kuna da rajistar mambobi, kuna karɓar kuɗin ƙungiya kullum. Ku ne diwanin wannan zamanin. Me zai hana ku yi wa mambobinku inshorar gaskiya a dunƙule, ku hana mai jabu yin lodi?

33/ Nan zan tsaya. Wanda ya taɓa neman diyya daga kamfanin inshora, an biya ko ba a biya ba, don Allah ya ba mu labari a ƙasa mu ƙaru. Wanda ya duba tasa ya ga jabu ce, shi ma ya faɗa, ba abin kunya ba ne, tamu ma haka ta fito. Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu a hanya, ya tsare mu da tsautsayi. A tura wa direban gidanku 🙏