Tarihin Akwatunan Wasan Bidiyo Masu Cin Sulalla da Ƙoƙarin Adana Su

Gabatarwa

Hausawa na cewa waiwaye adon tafiya. Manufar wannan ɗan rubutu ita ce a waiwayi asalin akwatunan wasan bidiyo, watau na'urorin nan masu tsayin mutum da ake girkewa a kantuna da mashayu da zaurukan wasa, waɗanda ba sa motsi sai an jefa musu sulalla. Za mu duba yadda suka samu, da yadda suka bunƙasa, sa'an nan da wahalar da masu son tarihi ke sha wajen hana su ɓacewa.

Mafari

Abin ya faro ne daga jami'a. A shekarar 1962, Steve Russell da abokansa a Cibiyar Fasaha ta Massachusetts a Amurka suka tsara wani wasa mai suna Spacewar! a kan kwamfuta samfurin PDP-1, inda jiragen sama jannati biyu ke harbin juna. Kwamfutar tana da tsada ƙwarai, saboda haka wasan bai fita daga ɗakunan bincike ba sai bayan shekara tara.

A 1971 aka sami yunƙuri biyu na mayar da shi sana'a. Na farko, Bill Pitts da Hugh Tuck suka girka Galaxy Game a zauren ɗalibai na Jami'ar Stanford, ana jefa santi 10 a yi wasa ɗaya. Amma da yake kwamfuta sukutum ce ke tafiyar da shi, kuɗin da ake samu bai kai ya mayar da shi sana'a mai riba ba. Na biyu kuwa, Nolan Bushnell da Ted Dabney suka ƙera Computer Space, wanda kamfanin Nutting Associates ya yi kimanin guda 1,500. Dabararsu ita ce su yar da kwamfutar, su haɗa wayoyi da ƙananan sassan lantarki masu araha waɗanda aikinsu ɗaya ne tak. Sai dai wasan ya yi wa mutanen mashaya wuyar koyo.

A 1972 mutanen nan biyu suka kafa kamfanin Atari, injiniyansu Allan Alcorn kuma ya ƙera Pong, wasan da ba shi da komai sai sanduna biyu da ƙwallo ɗaya. Aka gwada shi a wata mashaya a garin Sunnyvale cikin Kalifoniya. Ba a daɗe ba aka aiko cewa na'ura ta lalace, da Alcorn ya je ya buɗe sai ya tarar sulalla ne suka cika ma'ajin har suka toshe hanya. Daga nan kowa ya gane akwai ci a wannan harka.

Bunƙasa

A 1975 kamfanin Midway ya fitar da Gun Fight mai amfani da 'yar ƙaramar ƙwaƙwalwar kwamfuta ta Intel 8080. Wannan ya sauya al'amari, domin daga nan wasa ya zama umarni da ake rubutawa a ajiye cikin ƙwayoyin lantarki. A 1978 Tomohiro Nishikado na kamfanin Taito a Japan ya fito da Space Invaders, aka bi shi da Asteroids na Atari a 1979, da Pac-Man na Namco a 1980 wanda Toru Iwatani ya tsara, aka kuma sayar da fiye da akwati 100,000 nasa a Amurka. A 1981 Nintendo ya kawo Donkey Kong na Shigeru Miyamoto. Daga wajen 1983 kasuwa ta fara ja da baya a Amurka, zaurukan wasa da dama suka rufe.

Dalilan Ɓacewa

Mai karatu zai iya tambaya, yaya abin da aka ƙera dubbai zai yi wuyar samu? Amsa ita ce, masu akwatunan nan 'yan kasuwa ne, kuma a wurinsu akwatin da ya daina kawo kuɗi tarkace ne. Wani a kai shi juji, wani a kwashe kayan cikinsa a sa na sabon wasa, a shafe zanen jikinsa da fenti. Shi kansa Donkey Kong, akwatunansa na farko a Amurka na wani wasa ne mai suna Radar Scope da ya yi kwantai.

Daɗin daɗawa, kayan ba masu dawwama ba ne. Katakon yana kumbura in ya sha laima, majigin irin na tsohon talabijin mai ƙeya ne wanda manyan masana'antu suka daina yi, ƙwayoyin ajiyar umarni kuma suna iya mantuwa da abin da ke cikinsu in shekaru suka yi nisa. Har ila yau, wasu kamfanoni kamar Capcom da Sega, don tsoron ɓarayin fasaha, sun ajiye mabuɗin sirrin wasa a wurin da batir ke riƙe da shi. Ranar da batirin ya mutu, wasan ya mutu tare da shi.

Ƙoƙarin Adanawa

Hanya biyu aka bi. Ta farko ita ce kwaikwayo. A 1997 wani ɗan ƙasar Italiya, Nicola Salmoria, ya fara manhajar MAME, wadda ke sa kwamfutar zamani ta kwaikwayi tsohuwar na'ura bayan an kwafo umarnin daga ƙwayoyinta. Masu sa kai ne ke ci gaba da aikin, sun kuma rufa wa dubban wasanni asiri. A 2014 ma'ajiyar Internet Archive ta buɗe sashen da ke ɗauke da kimanin 900 daga cikinsu.

Ta biyu ita ce adana akwatin kansa. Gidan tarihi na Strong a Rochester ya kafa cibiya ta musamman don wasannin lantarki a 2009, gidan tarihin kwamfuta na Mountain View ya gyara PDP-1 har ana buga Spacewar! a kanta, gidan adana fasahar zamani na New York kuma ya karɓi Pac-Man cikin kayansa a 2012.

Kowace hanya da nakasunta. Kwaikwayo yana kiyaye hoto da sauti, amma ba ya kawo nauyin sandar sarrafawa a hannu, ko cunkoson 'yan kallo a bayan gwani. Gyaran akwati kuwa yana buƙatar kayan da ke ƙarewa. Ga kuma batun haƙƙin mallaka, domin yawancin wasannin suna da masu su a doka, ko da kamfanin da ya yi su ya rushe tuntuni.

Kammalawa

Abin lura a nan shi ne, mafi yawan abin da ya tsira ya tsira ne a hannun makanikai da masu sha'awa waɗanda suka tsince shi tun ana ganinsa shirme, kafin gidajen tarihi su farga. Ɗalibin tarihi ko na adabi ya san wannan matsala, domin abin da jama'a ke nishaɗi da shi kullum shi ne aka fi sakaci da rubuta labarinsa, sai masu shi sun ƙare a fara cigiya.