Hukuma a Gaban Alƙali: Waiwaye a Kan Shari'ar Ojukwu ta 1986

A ƙa'idar shari'ar da Nijeriya ta gada daga Ingila, wanda ya ƙi bin umurnin alƙali ya aikata laifin raina kotu, ana iya cin sa tara ko a ɗaure shi. Wannan ba shi da wuya idan mai laifin talaka ne. Matsalar tana tasowa ne idan hukuma ce ta yi taurin kai, domin alƙali ba shi da ɗan sanda nasa na kansa, ba shi da kurkuku. Waɗanda za su zartar da hukuncinsa duk ma'aikatan wanda ya raina shi ne. Wannan takarda za ta duba yadda Kotun Ƙoli ta ɓullo wa al'amarin a zamanin mulkin soja.

Asalin rigimar wani gida ne mai lamba 29 a titin Queen's Drive, unguwar Ikoyi, wanda Gwamnatin Jihar Ikko ta riƙe a matsayin dukiyar da masu ita suka gudu suka bari lokacin yaƙin basasa. Bayan Shugaba Shehu Shagari ya yi wa Chukwuemeka Odumegwu Ojukwu afuwa a 1982, ya komo gida daga gudun hijira, daga bisani ya tare a gidan. A 1985 gwamnatin soja ta jihar ta ce ya tashi, shi kuma ya kai ƙara. Maganar tana gaban Kotun Ɗaukaka Ƙara, sai gwamnati ta tura mutane kimanin 150 ɗauke da makamai suka fitar da shi. Kotun ta ba da umurnin a mayar da shi. Gwamnati ta ƙi, amma duk da haka ta garzaya Kotun Ƙoli tana roƙon a dakatar da wannan umurni.

Ran 14 ga Fabrairu 1986 Kotun Ƙoli, ta bakin Mai Shari'a Kayode Eso, ta yi watsi da roƙon. Hujjarta ita ce, wanda yake cikin raina kotu ba shi da bakin neman alfarma a wurinta sai ya fara yin biyayya. Ba a ɗaure kowa ba, ba a ci tarar kowa ba. A ganina hikimar hukuncin ke nan: alƙalan sun san ba mai kama musu gwamnan soja, sai suka yi amfani da abin da yake hannunsu, watau rufe masa ƙofar kotu.

Ko a Ingila ma hanyar da aka bi ba ta yi nisa da wannan ba. A 1993 alƙalan Majalisar Dattawa, wadda ita ce kotun ƙarshe a lokacin, suka tabbatar cewa Ministan Harkokin Cikin Gida ya raina kotu, saboda ya ƙi dawo da wani mutumin Zayar mai neman mafaka bayan alƙali ya umurce shi. Iyakar horon shi ne bayyana laifin da biyan kuɗin shari'a.

Inda alƙalanmu suka gwada ɗauri kuwa, abin bai yi ƙarko ba. A Nuwamba 2022 Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja ta yanke wa Sufeto Janar na 'Yan Sanda, Usman Alƙali Baba, ɗaurin wata 3 saboda ƙin bin wani hukunci na 2011. Bai kwana a kurkuku ba, kuma kotun da kanta ta soke hukuncin a watan Disamba.