Titin Ƙofar Mata da Shunin da Ya Kai Adar

Duk wanda ya ga dattijon Abzinawa a kasuwar Madawa ko ta Kaita, rawaninsa na walƙiya, goshinsa ya rine da shuni, ya ga wani ɓangare na tarihin wani titi da ke birnin Kano, ko da bai taɓa taka shi ba. Titin ya taso daga Ƙofar Mata, a gabashin ganuwa, ya nufi babban masallacin Juma'a da Gidan Rumfa. Gajere ne, amma shekarunsa sun haura ɗari biyar.

Littafin tarihin sarakunan Kano ya nuna cewa Sarki Muhammadu Rumfa (1463 zuwa 1499) ne ya faɗaɗa ganuwa har ta kai Ƙofar Mata. Shi ne kuma ya gina fada, ya kafa kasuwar Kurmi, kuma a zamaninsa Shehu Magili ya sauka Kano ya rubuta masa littafi kan ladubban mulki. Saboda haka ƙofa da fada da kasuwa kusan tare suka tashi, hanyar da ta haɗa su kuwa ta zama mashigar baƙo. A wajen ƙofar akwai Fagge, zangon da ayarin Bugaje ke sauke raƙuma. Daga cikin masu zuwa da gishiri da kanwa har da Kel Geres, waɗanda suka baro Abzin suka zauna a yankin Madawa tun ƙarni na 18.

Abin da suke komawa da shi gida shi ne baƙin yadi. Dab da ƙofar, daga ciki, marinar Ƙofar Mata take, wadda marinan wurin ke cewa an kafa ta a 1498. Aikin na haƙuri ne. Ana zuba ruwa a rami mai zurfi, a haɗa shi da toka da baba da katsi, a bar shi kwanaki ana motsawa har ya nuna. Marini ya tsoma zane, ya ɗago ya bar shi ya sha iska, ya sake tsomawa. Iskar ce ke mayar da kore shuɗi, yawan tsomi kuma shi ke kai shi ga baƙi. Daga nan sai mabuga su ɗora shi a kan gungume su yi ta bugu har ya yi sheƙi. Ko dagwalon ramin ba a zubarwa: ana ƙona shi a sami katsi, da shi ake haɗa laso na shafe bango. Turkuɗi mafi daraja, wanda ake kira ɗan Kura, a garin Kura ake gama shi, amma ta Kurmi yake fita duniya. Bajamushe Heinrich Barth, da ya zo Kano a 1851, ya ƙiyasta cewa kayan raƙuma 300 na yadin Kano ke tafiya Tumbuktu kaɗai kowace shekara.

Sai Turawan Ingila suka ci Kano a 1903, jirgin ƙasa ya iso a 1911, aka kafa tasha da kantuna da Sabon Gari a wajen ganuwa. Nan titin ya juya fuska. Da, fatake ke bin sa su shiga birni neman Kurmi. Yanzu mutanen birni ke bin sa su fita neman Fagge da Kantin Kwari. Iyakar da Ingila da Faransa suka shata ta mai da Adar wata ƙasa daban, mota ta karɓe kayan raƙumi. Tun 1897 kamfanin BASF na Jamus ya fara sayar da shunin masana'anta, atamfar Turai ta biyo baya, daga bisani ta Sin ta cika Kwari. Ramuka da dama sun bushe, wasu sun cika da shara, kuma masu yawon buɗe ido da a da suke ɗan tallafa wa marinar sun ragu.

Duk da haka titin bai rasa jama'a ba. Asibitin Murtala yana kansa, masallacin da Sarki Abdullahi Bayero ya sake ginawa a 1951 yana ƙarshensa, kuma a al'ada ta nan sarki ke fita da ƙafa zuwa filin Idi ranar Salla. Hukumar UNESCO ta sa hawan Sallar Kano cikin gadon al'adun duniya a 2024, ganuwar kuwa tana jerin masu jiran shiga tun 2007, alhali gine-gine na cin ta, har an rushe Ƙofar Na'isa a 2010 don faɗaɗa hanya. Ƙofa dai ana sake ta da siminti cikin ƴan watanni. Sanin lokacin da rami ya nuna, ta kumfarsa da warinsa, sai yaro ya shekara da shekaru a gefen ubansa, kuma ƴaƴan marina da yawa sun gwammace tsaron shago a Kwari.